Wa Ya Ce Mun Yi Watsi Da Ƙara?

Jama'a, kun sha jin an ce kotu ta kori ƙarar zaɓe, wai mai ƙara ya yi watsi da ita. To, ku ji yadda abin yake. Tsarin mulkin Nijeriya ya ba mai ƙara kwana 21 kacal bayan faɗin sakamako ya shigar da ƙararsa. Dokar Zaɓe ta 2022 kuma ta ce in an gama musayar takardu, cikin kwana 7 ya nemi a yi zaman share fage. In ba a nema ba, shi ke nan, an kori ƙara, babu ƙarin lokaci. Ba a ji shaida ko ɗaya ba!

Wuyan wa wannan igiya take shaƙewa? Masu mulki suna da lauyoyi jibgi, har da mai lissafa musu kwanaki. Mu kuwa lauyanmu ɗaya, kuɗinsa ma sai an bi rumfa rumfa. Makarar lauya ita ce za ta halatta satar ƙuri'a?

Saboda haka kowane reshe ya naɗa mutum guda mai riƙe lissafin kwanaki, ya tsaya a kan lauya. 'Yan kasuwa kuma ku kawo gudummawarku tun kafin ranar zaɓe.