Ƙwace Ina, Malam?

Malam, a maƙalarka ka kira dokar Indiya ta 2009 ƙwace, don ta ware wa 'ya'yan talakawa kashi 25 cikin 100 na guraben ajin farko a makarantun kuɗi. Ƙwace ina? Ai gwamnati dokar ta ɗora wa biyan kuɗin yaran. Masu makarantu sun garzaya Kotun Ƙoli, ta tabbatar da dokar a 2012. Jihar Maharashtra ta bi ta bayan fage a 2024, ta ɗauke wa duk makarantar da ke tsakanin kilomita ɗaya da ta gwamnati wannan nauyi, Babbar Kotun Bombay ta soke matakin.

Da jinkirin biyan kuɗin ka koka a kai, da na taya ka, don gaskiya ne. Amma kai, ɗan mai shara ne ba ka son gani a benci ɗaya da ɗanka.