Kwanon shinkafar Japanawa: ƙwan ne sirrin

Jama'a, a wannan batu ni ina bayan Japanawa: ba sai an jera tukwane huɗu a murhu ba kafin a ci abinci mai daɗi. Ku dubi oyakodon, kwanon shinkafa da kaza da ƙwai da ake yi a gidajen Japan ranar da aka dawo aiki a gajiye. Shinkafarsu gajera ce mai ɗan danƙo, a wanke ta sosai, a dafa ba gishiri ba mai. A ƙaramin kasko sai a zuba dashi, romon da suke yi da ganyen teku da busasshen kifi, a sa sos ɗin waken suya da ɗan sukari, a yanka albasa siriri, a jefa tsokar cinyar kaza gutsi-gutsi har ta nuna. A wurin ƙwai ake gane gwani. Ba a kaɗa shi da ƙarfi, a bar farin da gwaiduwar ba su gama haɗewa ba. A zuba mafi yawansa, ya fara kamawa, a ƙara ragowar, a rufe, a kashe wuta nan take. Wanda ya ƙara minti biyu, wainar ƙwai ya soya. Sai a zame shi a kan shinkafa mai zafi, romon ya ratsa har gindin kwano. Mirin, wani ruwa mai zaƙi da suke sawa a romon, akwai barasa a cikinsa, ku bar shi, ɗan ƙarin sukari ya wadatar. Ku gwada a daren nan, kuma don Allah kada ku matsa daga gaban kaskon.