Ɗan Mahauci Ma Ɗa Ne

Duk lokacin da aka ambaci rarrabe mutane bisa ga haihuwa, hankalinmu yakan tafi Indiya, inda tsarin mulkin 1950 ya haramta ƙyamar mutanen da ake cewa ba a taɓa su. To, 'yan'uwa ɗalibai, kafin mu hango na nesa, ya kamata mu leƙa zaurenmu. A ƙauyukan Mashi har zuwa ƙasar Daura, sau da yawa akan tambayi asalin saurayi kafin a tambayi halinsa.

Masanin nan M. G. Smith, wanda littafinsa kan sarautar Daura ya fito a 1978, ya bayyana tun 1959 yadda Hausawa suke jera sana'o'i hawa-hawa: masu sarauta da manyan malamai da attajirai a sama, mahauta da makaɗa a ƙasa. Gaskiya ne namu bai kai na Indiya tsanani ba, domin sahunmu ɗaya a masallaci, kuma ilmi ko dukiya kan ɗaga mutum. Amma ranar neman aure ake tono abin da aka binne. A ci naman mahauci, a taka rawa da gangar makaɗi, sa'an nan a hana ɗansu mata! Jikokin bayi ma ba su tsira daga gori ba, alhali doka ta kashe bauta a Arewa tun 1936.

Hasarar kuwa ta ƙauye ce baki ɗaya. Yaron da aka raina sana'ar ubansa yakan gwammace ya tafi ci-rani Kano ko Ikko, gwanintar gidansu ta bi tsoho kabari. Mun manta ke nan cewa a labarin Bayajida maƙeran Gaya ne suka ƙera wuƙar da aka kashe macijiyar Kusugu?

Wannan al'ada ba ta da madogara. Aya ta 13 ta Suratul Hujurati ta sanya taƙawa ma'aunin daraja. A mazhabar Malikiyya da muke bi, addini da lafiya ake dubawa wajen dacewar ma'aurata, ba a sa sana'a a ciki ba. Sashe na 42 na tsarin mulkin 1999 shi ma ya hana tauye ɗan ƙasa saboda yanayin haihuwarsa.

Saboda haka gyara daga kanmu zai fara. Gobe mu ne malaman makaranta, mu ne akawuna, mu ne waliyyan ƙannenmu. Ranar da ɗan mahauci mai mutunci ya aiko neman ƙanwarmu, ranar za a san ko karatun nan ya amfane mu.