An Kama Motarka? Nemi Takarda Tukuna

Magana ce kan motar kaya da ma'aikatan hanya suka tsare don izininta ya ƙare. Abin da muka saba, a kira ɗan kamasho, a ja gefe, a ba da na goro. Ni dai ban ga ribarsa ba. Kuɗi sun tafi ba rasit, gobe a sake kama ta a shingen gaba.

Direba ya fara karɓar takardar kamu, mai nuna laifin, da ranar, da inda aka ajiye motar. In babu ita, me za ka nuna wa alƙali? In laifin gaskiya ne, a sabunta izinin, a biya tara a banki, a riƙe rasit. In an ƙi sakinta, lauya ya roƙi Babbar Kotu umarnin saki, don sashe na 44 na tsarin mulkin 1999 ya hana ƙwace dukiyar mutum sai bisa doka. A 2024 Babbar Kotun Tarayya a Abuja ta ce 'yan VIO na can ba su da ikon tsare mota ko cin tara. Amma fa na Abuja ne, kada wani ya ɗauke shi zuwa Zariya yana ɗaga murya.

A kuma yi hanzari, ƙarar ma'aikacin gwamnati galibi wata uku doka ta ba ta. Mai tumatir ko kwana uku ba shi da su. Ya roƙa a bar shi ya juye kwandunansa a wata mota ran nan, gaban shaidu, sannan a shiga zancen motar.