Malayawa Ba Su Yar Da Asalinsu Ba

Ran nan a fada wani abokinmu ya ce wai Malayawa sun yar da asalinsu tun ranar da suka ajiye Jawi, wato ajaminsu, suka rungumi Rumi, bokonsu. Kowa ya gyaɗa kai. Ni dai ban yarda ba.

Na san Jawi ya daɗe, tun ƙarni na 14 aka sassaƙa shi a jikin dutsen Terengganu. Na kuma san dokar harshen ƙasa ta 1963 ta mai da Rumi rubutun hukuma. To amma me aka yi da Rumin? A 1970 an buɗe jami'ar ƙasa ta Maleziya don a koyar da ilimi mai zurfi da Malay. A 1972 Maleziya da Indonesiya suka daidaita ƙa'idojin rubutunsu. Haba, wannan ne yar da asali?

Haɗarin gaske ya zo ne a 2003, lokacin da gwamnatin Mahathir ta mai da koyar da lissafi da kimiyya zuwa Ingilishi. Ɗan birni yana jin Ingilishi tun daga gida, ɗan manomin shinkafa kuwa sai ya zauna a aji kamar kurma. A watan Maris na 2009 dubban mutane suka fito titunan Kuala Lumpur, har da dattijon marubuci A. Samad Said, ƴan sanda suka watsa su da barkonon tsohuwa. A shekarar nan gwamnati ta sanar za ta janye tsarin.

Sai ga shi a 2019 ƙasar ta ɗau zafi a kan shafi uku na Jawi a littafin ƴan aji huɗu na makarantun Sinawa da Tamil. Shafi uku fa! An bar jaki ana dukan taiki.

Ƴan uwa ɗalibai, ban je Maleziya yawon banza ba. A 2025 an ayyana Hausa harshen ƙasa a Nijar, mu kuma muna nan muna musun ajami ko boko. Ina son ajami, da shi kakana ke rubuta bashin da yake bin mutane. Amma ƙanwata tana lakwal, kuma har yau da Faransanci ake tambayarta bakwai sau takwas. Wa zai rubuta mata littafin lissafi da Hausa in ba mu ba? Mu zaɓi haruffan da muka ga dama, mu fara.