André van Duin: Ɗan Barkwancin Da Aka Kira Ranar Makoki

 Na san wasu da sun ga kan rubutun nan za su ce yau kuma ina Malam ya dosa, me ya haɗa mu da wani Bature ɗan wasan barkwanci na ƙasar Holan wanda ko sunansa ba mu taɓa ji ba? Ku yi mini haƙuri, akwai dalili, kuma dalilin daga cikin gidana ya fito.

Kwanakin baya babban ɗana, wanda a nan Ikko aka haife shi, ya same ni bayan sallar isha'i ya ce, "Baba, ni fa wasan barkwanci nake son in riƙa a matsayin sana'a." Ya miƙo mini waya ya nuna mini 'yan gajerun wasannin da suka ɗauka shi da abokansa. Gaskiya yaron yana da baiwa, musamman wajen kwaikwayon muryar mutane. Sai dai a duk wasannin nan shi ne maigadi, da hula a karkace, da gurɓataccen Turanci, wanda bai iya ƙirga canji ba. Na tambaye shi dalili, ya ce, "Baba, ai shi mutane suke so, shi yake kawo masu kallo." Ban yi masa faɗa ba a daren. Na kwanta ina juya maganar, sai mutumin nan André van Duin ya faɗo mini a rai.

Na fara ganinsa ne, ko in ce na fara jin sa, a shekarun da na yi aiki a Fatakwal tare da wani Bature ɗan Holan. Yana da kaset ɗin bidiyo da yake sakawa idan an tashi aiki, hotunan dabbobi ne zalla, birai da raƙuman dawa da tsuntsaye, amma an ɗora musu muryar mutane suna gardama da tsegumi kamar matan gida ɗaya. Ko kalma ɗaya ban ji a yarensu ba, amma sai da na yi dariya har cikina ya ƙulle, don muryar ta dace da motsin bakin kowace dabba kamar da ita aka halicce ta. Da ya ce mini van Duin ne yake wannan aiki, sai na riƙe sunan. Daga baya na bi tarihinsa, ga kuma abin da na samu.

An haife shi ranar 20 ga Fabrairu 1947 a birnin Rotadam, wanda jiragen yaƙin Jamus suka ragargaza tsakiyarsa a watan Mayu na 1940. Sunansa na yanka Adrianus Marinus Kloot, kuma wannan suna na ƙarshe kalma ce mai nauyin faɗa a yarensu, irin wadda yara ke tsokanar mutum da ita. Ga shi kuma da jan gashi. Wato dai tun yana ƙarami ya san ɗacin a yi maka dariya, sai ya koyi riga mutane, ya zama shi ne mai ba ajinsu dariya da gangan. Ba ɗan masu kuɗi ba ne, makarantar koyon sana'a ya yi. A 1964, yana da shekara 17, ya ci wata gasar zaƙulo masu basira ta talabijin mai suna Nieuwe Oogst. Abin da ya yi a gasar shi ne, ya yanyanka zaren kaset na waƙoƙi da muryoyin shahararrun mutane ya harhaɗa su da hannunsa, sannan ya tsaya gaban jama'a yana motsa baki da fuska daidai da abin da ke fitowa. Ka ga tun daga ranar farko harkarsa ta murya ce da sanin daƙiƙar da ya kamata a saki magana.

Bai ce ya iya ba don ya ci gasa. Ya shiga ƙungiyar wasan dandamali ta Snip en Snap, wadda tsofaffin hannu ne a ƙasar, ya yi zaman almajiranci a ƙarƙashinsu. Daga farkon shekarun 1970 mai shirya wasanni Joop van den Ende ya soma gina masa nasa wasan, yana zaga garuruwa tare da Frans van Dusschoten, daga baya kuma Corrie van Gorp ta shigo. Tsarin wasan nasu mai sauƙi ne. Van Dusschoten shi ne mutumin kirki mai kwat da ɗaure wuya, mai magana a tsanake, shi kuma van Duin shi ne wanda ke shigowa ya dagula komai, bai fahimci tambaya ba, bai san inda zai ajiye hannunsa ba. Mai karatu ya lura da wannan, don za mu dawo kansa: yawancin dariyar a kan shi kansa take sauka, ko kuma a kan mai girman kan da ke ƙoƙarin gyara shi.

Inda ya fi nuna gwanintar murya shi ne rediyo. A 1973 ya fara wani shiri mai suna Dik Voormekaar Show a tashar Radio Noordzee, wadda daga cikin jirgin ruwa a teku take watsa shirye-shiryenta, daga baya shirin ya koma tashar NCRV. Sunan shirin ma wasa ne da kalmomi, ma'anarsa kamar a ce komai ya yi daidai, alhali ba abin da ke tafiya daidai a cikinsa. Shi da injiniyan sauti Ferry de Groot ne suke haɗa shi. Mai sauraro zai rantse ɗakin cike yake da mutane suna katse juna, ga Dik mai gabatarwa, ga Ome Joop mai masifa, ga Harry Nak, ga Meneer de Bok, alhali van Duin ne yake yin muryoyin nan, a ɗauka ɗaya bayan ɗaya, a ƙara wa wata sauri, a ɗora su kan juna. A zamanin babu kwamfuta, da zaren kaset da almakashi da haƙuri ake yi. Wannan ƙwarewa ce ya kai talabijin daga baya a shirin Animal Crackers, wato na dabbobin nan da na gani a Fatakwal.

To, yanzu mu zo kan abin da ya sa na tuna da shi. A 1976 ya fitar da wata waƙar bikin kanibal mai suna Willempie, inda ya fito a matsayin wani bawan Allah mai sanyin kai, mai magana a karkace. Waƙar ta hau matsayi na ɗaya a ƙasar, yara na rera ta a titi. Sai iyayen yara masu lalurar ƙwaƙwalwa suka tashi suka ce da 'ya'yansu ake, kuma su ne za su sha tsokana a makaranta da unguwa. Maganar ta yi zafi har shirin waƙoƙi na talabijin da ya fi kowanne farin jini a lokacin, TopPop, ya ƙi nuna wasan waƙar duk da tana kan gaba. Van Duin ya ce bai yi da nufin cin zarafin kowa ba, kuma ya ba da haƙuri.

Ban kawo wannan don in wanke shi ba. Waƙar ba ta ɓace ba, har yau akwai masu son ta a can, kuma ana iya cewa ya ci ribarta kafin ya ba da haƙurin. Abin da ya burge ni shi ne, mutum yana kan ganiyarsa, jama'a na bayansa, yana da damar ya ce ai wasa ne, wanda ya ji haushi shi ya so, amma bai bi wannan hanya ba. Ya yarda cewa niyyar mai wasa daban, inda wasan ya sauka daban. Gyara kayanka bai zama sauke mu raba ba.

Na san abin da wasu za su ce, don ɗana ma ya faɗa mini: idan aka hana tsokana ai an kashe barkwanci, kuma mu Hausawa wa ya kai mu wasan tsokana? Haka ne. Muna da wasan taubasai, muna da na Kanawa da Zazzagawa, ga na Fulani da Barebari. Amma duk wanda ya san wasannin nan ya san sharaɗinsu: wanda ka tsokana yana nan a gabanka, yana da baki, kuma gobe zai rama har da riba. Shi ya sa ake tashi ana dariya gaba ɗaya. Yaron da ke da lalurar ƙwaƙwalwa ba shi da faifan da zai rama da shi. Haka ma dattijon da ke gadin gidan wani a Ikeja, wanda ya bar iyalinsa a ƙauye don ya ciyar da su, ba shi da shafin da zai mayar da martani. Idan aka gama dariya a waya, shi ne yaran unguwa za su bi da irin muryar da suka ji. A ganina nan ne iyakar take, kuma ba wata doka ce za ta shata ta ba, shi mai wasan ne zai shata wa kansa.

Sauran tarihin van Duin shi ne hujjata cewa wannan hanya ba ta kashe kasuwa. Shekaru da dama masu sharhi da 'yan boko na ƙasarsa suna yi masa kallon mai wasan talakawa, wanda ba ya taɓa siyasa, ba ya faɗin magana mai zurfi. Bai canza don ya burge su ba, amma ya riƙa buɗe wasu ƙofofi. Tun 1977 ya soma fitar da fayafayan waƙoƙi na natsuwa da ya kira And're André, wato wani André na daban. A 2016 ya karɓi gabatar da gasar gashin burodi da kek ta talabijin, Heel Holland Bakt, bayan rashin lafiya ta kwantar da mai gabatarwa Martine Bijl. A nan mutane suka ga wani dattijo mai sanyin hali, wanda idan kek ɗin wata ya rushe shi ne zai matso ya kwantar mata da hankali. A 2017 kuma ya fito a wani wasan kwaikwayo mai dogon zango da aka gina kan littafin Hendrik Groen, labarin gidan kula da tsofaffi a Amstadam, inda ya taka rawar Evert, abokin tauraron labarin. Waɗanda suka saba ganinsa yana murguɗa baki sai ga shi ya sa su hawaye.

Sai ranar 4 ga Mayu 2021. Kowace shekara a wannan rana mutanen Holan suna tunawa da waɗanda suka rasu a Yaƙin Duniya na Biyu da yaƙe-yaƙen bayansa, ƙasa gaba ɗaya ta yi shiru na minti 2 da ƙarfe 8 na dare, Sarki ya ajiye furanni a dandalin Dam da ke Amstadam. Ba su da taron da ya fi wannan nauyi. A wannan shekara, dandalin kusan babu kowa saboda annobar korona, wanda aka ba damar yin jawabi a gaban Sarki Willem-Alexander shi ne André van Duin, yana da shekara 74. Ya yi magana kan garinsu Rotadam, da mahaifinsa, wanda yana cikin mazajen da sojojin Jamus suka kwashe zuwa aikin dole. A kamen da aka yi a Rotadam da maƙwabciyarta Schiedam cikin watan Nuwamba 1944, maza kusan 52,000 aka tafi da su. Mahaifin ya dawo da ransa, amma bai kasance mai ba da labarin abin da ya gani ba. Van Duin ya faɗi wannan da muryarsa ta ainihi, ba ta Ome Joop ba, ba ta biri ba, kuma jama'a suka karɓa hannu biyu.

Jama'a, ku tsaya ku duba wannan. Mutumin da ya yi sama da shekara 50 yana wasa, shi ne al'umma ta amince ya yi magana da yawunta ranar makokinta. Ban yarda sa'a ce kawai ba. Ina ganin mutane suna ajiye lissafi a zuci ko da ba su faɗa ba. Suna sane da wanda ya ba su dariya ya bar su da mutuncinsu, suna kuma sane da wanda ya sayar da mutuncin wani don a tafa masa. Na biyun ana iya cika masa aljihu, amma ranar da magana ta zama ta gaske ba shi ake nema ba.

Washegari na kira ɗana na ba shi wannan labari kamar yadda na ba ku. Na ce masa ban hana shi sana'ar ba, don ba na cikin masu ganin barkwanci aikin banza ne. Wanda ya sauke wa mutane gajiya bayan sun sha cunkoson motocin Ikko ya yi aikin alheri. Amma sharaɗi biyu na gindaya masa. Na farko ya koyi aikin da gaske, ya nemi na gaba da shi ya zauna a ƙarƙashinsu, ya gane cewa murya da lokaci su ne jari, hula a karkace kowa ma zai iya sakawa. Na biyu, duk wasan da zai ɗauka ya tambayi kansa ko zai iya nuna shi ga mutumin da yake kwaikwaya su yi dariya tare. Idan har yana son ya fito a maigadi, to ya fito da maigadin da muka sani, wanda ya san sirrin kowa a layin, wanda sau da yawa ya fi maigidan hankali. A nan ma akwai dariya, kuma ba a taɓa ta sosai ba.

Ya yi shiru, sannan ya ce, "To Baba, idan masu kallo suka ragu fa?" Na ce za su iya raguwa, ban yi masa alkawarin komai ba. Har yanzu bai goge tsofaffin wasannin ba, ni ma ban matsa masa ba. Amma shekaranjiya na ji shi a ɗaki yana gwada muryar wani mai gidan haya da ya zo karɓar kuɗi yana ta cika baki, ƙannensa suna ta faɗuwa don dariya. Ban leƙa ba, don na gane muryar mai gidanmu ce, kuma shi dai na tabbata yana da bakin ramawa.

Iyaye 'yan uwana da ke da irin wannan yaro a gida, ina son in ji yadda kuka yi da naku. Allah Ya shirya mana zuri'a, Ya ba su sana'ar da ba za su ji kunyarta ba idan sun tsufa. Sai mun haɗu a rubutu na gaba in Allah Ya kai mu.

Wassalam.