Makaɗin Fiyano a Fim ɗin Hausa da Masu Sauraronsa na Karkarar Arewacin Kano

A ƙauyukan da ke tsakanin Dawakin Tofa da Bichi, har zuwa Ɗambatta da Makoɗa da Kunci, inda gona ke manne da gona kuma da wuya a samu saura, kiɗa ya daɗe yana tafiya tare da aiki. Gangar noma ce ke zuga samari a wurin gayya, kalangu kuma na 'yammata ne a dandali da gidan biki. A yau idan an ɗaura aure bayan an kai amfanin gona rumbu, abin da aka fi ji shi ne ƙarar janareta da lasifika, sannan waƙar fim. Matar da ke sussukar gero tana iya faɗin sunan jarumin da ya hau waƙar, wani lokaci ma ta san muryar Nura M. Inuwa daga ta Umar M. Shareef. Amma da za a tambaye ta wanda ya zauna gaban fiyano ya tsara kiɗan, da wuya a samu amsa. Manazarta adabi ma ba su cika yin wannan tambayar ba, kuma wannan giɓi ne da ya kamata sassan Hausa na jami'o'i su ji nauyinsa.

Sana'ar ba ta da dogon tarihi. Ana ɗaukar Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa, wanda ya fito a 1990, a matsayin fim ɗin bidiyo na farko a Kano. Cikin 'yan shekaru ƙananan fiyano na lantarki suka shigo, Casio da farko, sai Yamaha, wadda ɗakin kiɗa na Iyan-Tama ya yi suna da ita. Na'urar tana ɗauke da sautukan sarewa da ganguna iri-iri, don haka mutum ɗaya ya iya ɗaukar aikin da a da sai an tara makaɗa da 'yan amshi. Sangaya, fim ɗin kamfanin Sarauniya na 1999, shi ya nuna wa 'yan kasuwar Ƙofar Wambai cewa waƙa ce ke sayar da kaset. Daga nan tsarin aiki ya juya. Sau da yawa ana fara naɗar waƙoƙi, a saka su cikin talla, sannan a ɗinka labari a kansu. Ke nan wanda ake yi wa kallon ɗan rakiya shi ne ya aza tubalin farko. Farfesa Abdalla Uba Adamu ya bibiyi wannan tarihi a rubuce-rubucensa, amma tarihin rayuwa da ayyukan ɗaiɗaikun makaɗan bai sami irin hidimar da su Mamman Shata da Musa Ɗanƙwairo suka samu ba daga masana irin su Farfesa Sa'idu Muhammad Gusau.

Dalilin da ake bayarwa sananne ne. Ana cewa kiɗan kwaikwayon Indiya ne, ba shi da asali, kuma shi ya raba makaɗan gargajiya da abincinsu. Akwai gaskiya a ciki. An ɗauko karin waƙoƙin Indiya da dama kai tsaye, musamman a shekarun farko, kuma mai kalangu a ƙauye ya rasa bukukuwa masu yawa. Sai dai aro ba ya hana nazari, hasali ma shi kansa aron abin nazari ne: wane kari aka ɗauko, yaya aka lanƙwasa shi ya dace da hawa da saukar muryar Hausa, a ina makaɗin ya cusa amon kalangu ko na bandiri don kunnen Bahaushe ya karɓa. Waɗannan tambayoyi ne na ilimi, kuma wanda ya danna fiyanon ne kaɗai zai iya amsa wasu daga cikinsu.

Abin da ya faru a Jamus ta Yamma bayan Yaƙin Duniya na Biyu yana da amfani a nan. A shekarun 1950 gidajen sinima sun cika da finafinan soyayya na tsaunuka da ƙauyuka, cike da waƙe-waƙe, waɗanda jama'a ke rububi, masu sharhi kuma suna yi musu kallon raini. A 1962 wasu matasan masu shirya fim suka yi shela a garin Oberhausen cewa zamanin tsohuwar sinima ya wuce. A wannan shekarar ce Martin Böttcher, wanda ya rayu daga 1927 zuwa 2019, ya tsara kiɗan fim na farko a jerin finafinan da aka ɗauko daga littattafan Karl May, kiɗan da Jamusawa ke ganewa har yau da zarar an fara shi. Rainin masu sharhi bai ɓatar da shi ba, saboda sunansa yana kan fim, kiɗansa yana rubuce, an fitar da shi a faifai, kuma ƙungiyar GEMA tana karɓar wa makaɗa kuɗi idan an yi amfani da aikinsu.

Makaɗin Kano ba shi da mafi yawan waɗannan. Ba ya rubuta kiɗa a takarda, yana cikin kansa da cikin na'ura. Bisa al'adar masana'antar, ana biyansa sau ɗaya, ciniki ya ƙare. Kaset ya ba faifan CD wuri, shi ma ya ba katin waya wuri, kuma a kowane sauyi wani abu yana zubewa. Yaron da ke tura waƙoƙi daga kwamfuta a kasuwar Ɗambatta yakan sa wa waƙa sunan fim ko na mawaƙi, ba ya da inda zai ga sunan makaɗi balle ya rubuta. Dokar haƙƙin mallaka ta Nijeriya ta 2022 tana kare aikin kiɗa, amma kariyar tana amfanar wanda zai iya nuna cewa aikin nasa ne.

A nan jami'a take da rawar da za ta taka ba tare da jiran gwamnati ba. Ɗaliban da ke neman batun kundin digiri, waɗanda da yawansu 'ya'yan waɗannan ƙauyuka ne, za su iya zama da makaɗan da suka yi aiki tsakanin 1994 da 2005 su naɗi bayaninsu: wa ya koya musu, wace na'ura suka riƙe, waɗanne finafinai suka yi wa kiɗa, nawa aka biya su. Sannan su koma gida su tambayi masu sauraro, domin a gidajen karkara ne ake iya tarar da tsofaffin kaset a cikin adaka, da matan da suka haddace waƙoƙin da birni ya manta. Da yawa daga makaɗan farko suna raye, amma kaset ɗin VHS ba ya jure zafin bazara da ƙurar hunturu na shekaru masu yawa.